Baƙin Cikin Mai Ciwon Daji Ba Raunin Imani Ba Ne



Muna gode wa Allah Maɗaukakin Sarki da ya sake nuna mana wannan Juma'a da rai da lafiya. Tsira da amincin Allah su ƙara tabbata ga shugabanmu Annabi Muhammadu (SAW), da iyalan gidansa, da sahabbansa, da duk wanda ya bi tafarkinsu har ranar sakamako.

Bayan haka, ya ku iyayena da yayyena da ƙannena 'yan kasuwa, da iyayenmu mata da ake kai wa wannan takarda gida, nasihar wannan mako a kan 'yan uwanmu take, waɗanda Allah ya jarrabe su da ciwon daji, wanda wasu ke kira sankara, wasu kuma kansa. Ƙarin da ke jiki aikin likitoci ne. Abin da nake so mu duba yau shi ne halin da zuciyar mai ciwon take shiga, da kuma irin maganar da muke yi a kansa idan ya shiga wannan hali.

Kusan kowannenmu ya san irin wannan. Mutum ne mai fara'a, shi ke fara buɗe rumfa a layinsu, shi ke tsokanar kowa. Aka yi gwaji aka ce daji ne. Makon farko gida ya cika da 'yan dubiya, har wurin ajiye takalmi ake nema. Bayan wata biyu ko uku sai ƙafa ta ɗauke. Shi kuma ya daina ɗaukar waya, ya daina tambayar yadda kasuwa take, in an shigo ya juya fuska ga bango, abinci sai an yi da gaske. Wata rana ya ce ba zai koma asibiti ba, a daina ɓarnar kuɗi a kansa. Mu kuma a rumfa me muke cewa? "Ai Alhaji ya karaya." "Wance ba ta da tawakkali." Wani ma har ya je gidan ya yi masa faɗa, wai nasiha yake yi. To jama'a, wannan magana tana da haɗari, domin hukunci ne a kan imanin mutum, kuma Allah kaɗai ya san abin da ke cikin zukata. Sannan tana hana mu ganin cewa akwai ciwo na biyu da ya sauka a kan na farko, kuma shi ma yana da magani.

Annabawa da salihai sun yi baƙin ciki

Mu fara da littafin Allah. A cikin Suratu Yusuf, Allah ya ba mu labarin Annabi Yaƙubu (AS). Ya rasa ɗansa, ya yi baƙin ciki shekara da shekaru har idanunsa suka yi fari. 'Ya'yansa suka riƙa yi masa magana cewa zai halaka kansa da tunanin Yusuf, kamar dai yadda muke yi wa marasa lafiyarmu. Ya nuna musu cewa kukansa ga Allah yake kai shi. Kuma wannan Annabi shi ne wanda har gobe ake buga misali da kyakkyawan haƙurinsa. Ka ga ashe haƙuri da hawaye suna iya zama a ƙirji ɗaya.

A cikin Suratu Maryam, lokacin da naƙuda ta kama Nana Maryam (AS) ita kaɗai a gindin dabino, tsananin abin ya kai ta yi fatan da ma ta mutu kafin wannan rana. Wannan fa mace ce da Allah ya zaɓa a kan matan duniya. Da me aka amsa mata? Ba a yi mata faɗa ba. An kwantar mata da hankali, an nuna mata ruwa a ƙarƙashinta, an ce ta girgiza dabino ta ci ta sha. Ku duba wannan tsari da kyau: lallashi, da abinci, da abin sha. Shi ne tsarin da ya kamata mu riƙa shiga ɗakin mara lafiya da shi.

Annabi Ayuba (AS), a cikin Suratul Anbiya, ya faɗa wa Ubangijinsa cewa cuta ta shafe shi, kuma Allah bai ɗauki wannan a matsayin rashin haƙuri ba, ya amsa masa ya yaye masa. Shi kansa Manzon Allah (SAW), shekarar da Nana Khadija da baffansa Abu Ɗalib suka rasu, shekara ta 10 bayan aiko shi, malaman tarihi suna kiranta shekarar baƙin ciki. Ranar da ɗansa Ibrahim yake kan gargara, idanunsa sun zubar da hawaye har Abdurrahman ɗan Aufu (RA) ya yi mamaki, sai ya bayyana masa cewa wannan rahama ce. Bukhari ya ruwaito shi.

Akwai kuma hadisin da Bukhari da Muslim suka ruwaito, inda Annabi (SAW) ya lissafa abubuwan da idan suka sami Musulmi Allah yake kankare masa zunubai da su. A cikin jerin akwai gajiya da rashin lafiya, akwai damuwa da baƙin ciki, har ƙayar da za ta soke shi. To ku yi tunani. Da a ce damuwa alamar raunin imani ce, yaya za a yi ta zama sanadin gafara? An jera ta ne tare da ciwon jiki saboda ita ma jarrabawa ce da take sauka a kan bawa ba da zaɓinsa ba.

Abin da shari'a ta hana daban ne: mutum ya tuhumi Allah da zalunci, ko ya yi ta marin fuska da yaga tufafi, ko ya yanke ƙauna daga rahamar Allah da gangan. Amma nauyin da mutum yake ji a ƙirji, da hawaye, da tsoro, da rashin barci, babu malamin da zai ce maka laifi ne.

Yaushe baƙin ciki yake zama ciwo?

Duk wanda aka gaya wa yana da daji dole ya girgiza. Zai yi kuka, zai kwana bai yi barci ba, zai yi tunanin 'ya'yansa. Wannan ɗabi'ar ɗan Adam ce, kuma yawanci yana sauƙi a hankali idan mutum ya sami masu tsaya masa. Amma akwai wanda nasa ba ya sauka, kullum ƙara nutsewa yake. Shi ne likitoci suke kira ciwon damuwa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa a shekarar 2019 mutum kusan miliyan 280 ne suke fama da shi a duniya, kuma ya fi yawa a cikin masu ciwon daji, inda masana suke cewa kusan mutum ɗaya cikin biyar yana kamuwa da shi. A Najeriya kuwa, alƙaluman shekarar 2022 sun nuna ana samun sabbin masu ciwon daji sama da 120,000 a shekara. Ku yi lissafi irin namu na kasuwa ku ga gidaje nawa abin ya shafa.

Kada wani ya ce wannan ilimin Turawa ne. Wani malamin Musulunci, Abu Zaid Albalkhi, wanda ya rasu a shekarar 934 miladiyya, ya rubuta littafi a kan lafiyar jiki da ta rai mai suna Masalihul Abdan wal Anfus. A ciki ya raba baƙin ciki gida biyu: wanda aka san dalilinsa, kamar rasuwa ko asara, da wanda yake danne mutum ba tare da wani dalili na fili ba, wanda ya ce tushensa a jiki yake kuma yana buƙatar magani. Sama da shekara dubu ke nan.

Ga alamun da za ku lura da su, idan sun kai mako biyu ko fiye, kusan kullum:

Na ɗaya, mutum ya daina jin daɗin komai. Jikan da yake so ya zo, ko kallonsa bai yi ba. An yi masa albishir, fuskarsa ba ta canza ba.

Na biyu, ya riƙa ganin kansa ba shi da amfani, ya zama kaya a kan iyali. Za ka ji yana cewa "na cinye muku jari", "gara ku huta da ni".

Na uku, ya riƙa ɗora wa kansa laifin da ya wuce kima, yana ganin ciwon azaba ce saboda wani zunubi, kuma Allah ba zai yafe masa ba.

Na huɗu, ya janye daga mutane, har waɗanda ya fi sakewa da su.

Na biyar, ya ƙi shan magani ko komawa asibiti, alhali likita ya ce akwai amfani.

Na shida, ya riƙa yawan zancen mutuwa, ko ya nuna yana tunanin kashe kansa.

Gajiya da rama da rashin cin abinci su ma alamu ne, sai dai shi kansa dajin da maganinsa suna kawo su, shi ya sa iyali sukan ce ai duk ciwon ne. Bambancin shi ne, wanda gajiyar magani ce kawai take damunsa, ranar da ya ɗan sami sauƙi zai yi hira, zai yi dariya, zai tambayi farashin kaya. Mai ciwon damuwa ko ranar sauƙi a cikin duhu yake.

Me ke kawo shi? Abubuwa ne suke haɗuwa. Akwai raɗaɗin da ba a magance ba, wanda yake hana barci dare da rana. Akwai wasu magungunan dajin da suke taɓa yanayin mutum, da ƙarancin jini da yake sa kasala. Akwai canjin jiki: gashi ya zube saboda maganin da ake ƙarawa ta jijiya, ko an cire wa mace nono, ko namiji ya rasa ƙarfinsa na iyali bayan maganin sankarar mafitsara. Akwai kuɗi, wanda mu 'yan kasuwa mun fi kowa sanin zafinsa: mutum yana kwance yana kallon jarin shekara ashirin yana narkewa. Sai kuma kaɗaici, wanda shi ne ya fi shafarmu a nan.

Addu'a da asibiti tare suke tafiya

Annabi (SAW) ya umarci bayin Allah su nemi magani, kamar yadda Abu Dawud da Tirmizi suka ruwaito daga Usama ɗan Sharik (RA), kuma Bukhari ya ruwaito cewa babu cutar da Allah ya saukar ba tare da maganinta ba. Ya yi ruƙya, kuma ya yi ƙaho. Nana A'isha (RA) takan sa a dafa talbina ga mara lafiya da wanda aka yi wa rasuwa, wato wani irin kunu na garin sha'ir, saboda ta ji Annabi (SAW) ya nuna yana sanyaya zuciyar mara lafiya kuma yana rage baƙin ciki. Ka ga a nan an yi wa baƙin ciki magani da abin da ake sha. Don haka wanda ya je wurin likita saboda damuwa bai fita daga tawakkali ba.

Mu a Gombe Allah ya yi mana sauƙin da garuruwa da yawa ba su samu ba. Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke kan titin Ashaka yana karɓar masu ciwon daji daga jihohin da ke kewaye da mu. Yana kuma cikin asibitoci shida da gwamnatin tarayya ta fara aiwatar da asusun tallafa wa masu ciwon daji marasa ƙarfi a cikinsu a shekarar 2021, wanda ya shafi sankarar mama, da ta bakin mahaifa, da ta mafitsara. Ba na ce zai ɗauke muku komai ba, amma tambaya ba ta cin kuɗi. Ku tambayi likitan da yake duba ɗan uwanku yadda ake shiga.

Idan kun ga alamun da na lissafa, ku gaya wa wannan likitan ƙarara. Kada ku tsaya a kan "jiki da sauƙi". Ku ce: ba ya barci, ya daina magana, yana cewa gara ya mutu. Likita ba zai san abin da ke faruwa a gida da dare ba sai kun faɗa. Zai iya duba ko raɗaɗi ne, ko jini ne ya yi ƙasa, ko wani magani ne yake kawo haka, kuma zai iya tura ku wurin likitan ƙwaƙwalwa. Na san wannan suna yana ba mutanenmu tsoro, sai a ce "so kuke ku mai da shi mahaukaci?" A'a. Yawancin masu zuwa wurin likitan nan da hankalinsu garau suke zuwa, su koma gida a ranar. Ita ma ƙasa ta canza kallon da take yi wa abin: a watan Janairun 2023 tsohon shugaban ƙasa Muhammadu Buhari ya sa hannu a sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa, wadda ta maye gurbin tsohuwar dokar 1958, kuma ta tanadi kare mutuncin masu irin wannan lalura.

Maganin iri biyu ne: zama da ƙwararre a yi ta tattaunawa, da kuma ƙwayoyi idan likita ya ga da buƙata. Ƙwayoyin ba sa aiki rana ɗaya, sukan ɗauki makonni kafin a ga canji, don haka kada a yar da su bayan kwana huɗu a ce ba sa yi. Ba irin ƙwayoyin maye ba ne da suke lalata mana yara. Amma ina roƙonku da Allah, kada wanda ya je kyamis ya sayo da kansa, ko ya karɓi ragowar na wani. Wasu daga cikinsu suna rage ƙarfin maganin daji, misali tamoxifen da ake ba masu sankarar mama. Likita ne ya san wanda ya dace da wanda.

Haka kuma maganar nan da ta daɗe a cikinmu, wai daji ba ya son allura ko ƙarfe, ta sa mutane da yawa sun zauna a gida har lokaci ya ƙure. Duk mai maganin da ya ce maka ka bar asibiti ka dawo wurinsa, ya kuma yanka maka kuɗi, ka yi hattara da shi. Yi addu'arka, sha zamzam ɗinka, karanta Alƙur'aninka, ranar asibiti kuma ka tafi asibiti. In akwai wani jiƙo da kake sha, ka gaya wa likita.

Idan kuwa mutum ya furta cewa zai kashe kansa, wannan ba ranar wa'azin wuta ba ce. Ya san hukuncin, ciwo ne ya fi ƙarfinsa. Kada a bar shi shi kaɗai. A kwashe fiya-fiya da maganin ƙwari da na ɓera da tarin ƙwayoyi daga inda hannunsa zai kai, a kai shi asibiti a ranar. Kuma kada ku ji tsoron tambayarsa kai tsaye ko yana irin wannan tunani. Tambayar ba ta sa wa mutum tunanin, sau da yawa ma ita take ba shi damar sauke abin da ya daɗe yana ɓoyewa.

A nan mu ne dangin juna

Yawancinmu a wannan masallaci neman halal ne ya kawo mu ko ya kawo iyayenmu garin nan. Wani daga Kano, wani daga Katsina ko Daura, wani daga Zariya, wani daga Sakkwato, wani ma daga Maraɗi ko Damagaram. Mutanen Gombe sun karɓe mu hannu biyu, Allah ya saka musu da alheri. Amma idan ciwo mai tsawo ya zo, a nan ake gane mutum baƙo ne. A gida akwai gwaggo da inna da ƙanne da za su riƙa karɓa-karɓa. A nan mace ɗaya ce za ta yi girki, ta kai yara makaranta, ta kwana a kan tabarma a barandar asibiti. Dangi za su zo su yi kwana uku su koma, domin su ma suna da nasu. Wa ya rage? Mu da muke sahu ɗaya da shi.

Muslim ya ruwaito hadisi ƙudusi da yake nuna ranar alƙiyama Allah zai tuhumi bawa a kan mara lafiyan da bai je dubawa ba, ya kuma sanar da shi cewa da ya je da ya sami Allah a wurinsa. Ina ganin wannan ya ishe mu tsoro, ya kuma ishe mu kwaɗayi. Ga abubuwan da nake kira mu riƙe:

Dubiya ta ɗore. Maganin daji watanni yake ɗauka, wani lokaci shekaru. Maimakon mutum talatin su je rana ɗaya, 'yan layi su raba kwanaki, yau wane, jibi wane. Maƙwabcin rumfa da ke Babbar Kasuwa ko Tudun Hatsi ba zai rasa minti ashirin bayan la'asar ba, ko mara lafiyan yana Jekadafari ne, ko Pantami, ko Bolari.

A kiyaye harshe a ɗakin. Kada a kawo labarin wane da ya yi irin ciwon ya mutu. Kada kowa ya zo da nasa maganin. Kada a ce masa "ka duba tsakaninka da Allah". Kada a ɗauki hotonsa a watsa a WhatsApp da sunan neman taimako ba da izininsa ba. Idan ya fara faɗin abin da ke ransa, a bar shi ya gama, kada a toshe masa baki da "yi haƙuri" tun bai kai ƙarshen magana ba. Wani lokaci zama shiru kusa da shi ya fi dogon jawabi. Ka tambaye shi shawara a kan ciniki, ka gaya masa yadda farashi ya tashi, ka roƙe shi ya yi maka addu'a. Mutumin da ya saba ana neman ra'ayinsa, babu abin da yake karya shi kamar ya ga an daina.

A ci abinci tare da shi. Ciwon daji ba ya yaɗuwa ta kwano ko kofi ko musabaha ko numfashi. Ware masa kwano da cokali ba ya kare kowa daga komai, sai dai ya ƙara masa jin cewa an gudu daga gare shi.

A duba maganar bashi. A cikin addu'ar da Anas (RA) ya ce Annabi (SAW) yana yawaita yi, ya haɗa neman tsari daga damuwa da baƙin ciki tare da neman tsari daga nauyin bashi. Abokan tafiya ne. A ƙarshen Suratul Baƙara Allah ya umarci a jinkirta wa wanda yake cikin ƙunci har ya sami sauƙi, ya kuma nuna yafewa ta fi alheri. To Alhaji, idan ka ba shi kaya bashi, ka taka ka je da kanka ka ce masa ya kwantar da hankalinsa, ba ka bin sa komai sai ya miƙe, ko ka yafe in kana da hali. Kada ka tura yaro da takarda. 'Yan adashi su duba yadda za a ba shi kwasa da wuri. Masu fitar da zakka su tuna cewa wanda bashi ya yi wa katutu yana cikin mutum takwas da Suratut Tauba ta ambata.

A riƙe masa rumfa. Kada ta zauna a rufe har abokan cinikinsa su watse. Yaran shago, ku ji tsoron Allah, wannan ita ce ranar amana. Ku rubuta abin da ya shiga da abin da ya fita, ku kai wa maigida littafi ya gani da idonsa. Ganin cewa kasuwarsa tana raye magani ne.

Maza, ku ji tsoron Allah a kan matanku. Sankarar mama ita ce ta fi yawa a cikin matan ƙasar nan. Matar da aka cire wa nono, ko gashinta ya zube, abin da ta fi tsoro shi ne kallon da mijinta zai yi mata. Wannan ba lokacin mayar da ita gidan iyayenta a manta da ita ba ne, ba kuma lokacin ƙaurace wa ɗakinta ba ne. Ka raka ta asibiti, ka zauna ka ji bayanin likita. Iyayenmu mata, ku hana habaici a tsakar gida, daga abokiyar zama ne ko daga dangin miji.

A tuna da mai jinya. Ita ma ko shi ma damuwar tana kama su. A karɓe ta kwana ɗaya ta je ta yi barci. A kai wa yara abinci. A tambaye ta yaya take, ba yaya mai jiki kawai ba.

Sai maganar ɓoye wa mutum ciwonsa. Da kyakkyawar niyya muke yi, amma sau da yawa ya riga ya gane, sai ya zama shi yana ɓoye tsoronsa, iyali suna ɓoye nasu, kowa yana kuka shi kaɗai. Baligi mai hankali yana da haƙƙin sanin halin da yake ciki gwargwadon yadda yake so ya sani, domin ya yanke shawara a kan maganinsa, ya rubuta wasiyya, ya faɗi wanda yake bi da wanda ke bin sa. A nemi likita ya yi masa bayani a hankali, tare da wanda ya fi yarda da shi.

Gare ka, ɗan uwa mai jinya a kwance

Idan an karanta maka wannan takarda, ko ke 'yar uwa an karanta miki, ku saurara. Nauyin da kake ji bai rage maka daraja a wurin Allah ba. Idan ka ɗaga hannu ka ji addu'a ta ƙi fita, ko ka yi sallah ba ka ji daɗinta kamar da ba, ciwon ne yake dusashe komai, har ɗanɗanon abinci ai ya ɗauke maka. Ci gaba da abin da za ka iya. Imrana ɗan Husaini (RA) ya kai kukan rashin lafiyarsa, Annabi (SAW) ya ba shi damar yin sallah a tsaye, in ya kasa a zaune, in ya kasa a kwance a gefensa. In ruwa zai cutar da kai akwai taimama. Azumi akwai rangwame. Kuma Bukhari ya ruwaito cewa bawa idan ya yi rashin lafiya ana ci gaba da rubuta masa ladan abin da ya saba yi lokacin da yake lafiya. Sahun da ka saba tsayawa bai wuce ka ba.

Kuɗin da iyalinka suke kashewa a kanka ba asara ba ne, lada suke tarawa, kai ma ka yi musu a lokacin da kake da ƙarfi. Mutane da yawa sun yi wannan ciwo sun sami sauƙi sun koma harkokinsu, musamman waɗanda suka je da wuri suka kuma bi magani har ƙarshe. Wanda kuma nasa ya yi nisa, har yanzu akwai maganin raɗaɗi da na barci da na damuwa, kuma haƙƙinka ne ka nema. Abu ɗaya nake roƙonka: ka zaɓi mutum ɗaya da ka yarda da shi, ka gaya masa gaskiyar abin da ke ranka. In an tambaye ka jiki ka ce alhamdu lillahi, wannan daidai ne, sannan ka ƙara da cewa "amma ba na barci", ko "amma ina jin tsoro". Godiya ga Allah ba ta hana faɗin inda yake maka ciwo.

Duk wanda yake da mara lafiya irin wannan a gida ko a layinsu, ya sami Malam Liman ko ni bayan sallah, a keɓe. Ba za a sanar da sunan kowa a lasifika ba sai da yardarsa. Iyayenmu mata za su iya aiko da saƙo ta hannun mazajensu ko 'ya'yansu. Masu mota ko Keke Napep da za su iya kai mara lafiya asibiti ranar da aka ba shi, su ma muna son sanin su.

Ya Allah, ka ba marasa lafiyarmu lafiya, na gida da na asibiti. Ka yaye wa masu damuwa damuwarsu, ka biya wa masu bashi bashinsu. Ka saka wa masu jinya da likitoci da ma'aikatan asibiti da alheri. Ka jiƙan waɗanda suka riga mu, ka sa ciwon da suka sha ya zama kaffara a gare su. Ka sa albarka a kasuwarmu, ka zaunar da garin Gombe da ƙasarmu lafiya, ka sa mu cika da imani. Amin.

Wassalamu alaikum wa rahmatullah. Juma'a mai albarka.

Ɗan uwanku,
Sakataren masallaci